Tsawon Mutum da Girman Mutum

Muna gaishe da ku na Rano da Rurum da Saji, da ku na Kibiya da Tarai da Durba da Nariya, da dukan waɗanda muryarmu take kaiwa gare su a wannan maraice. Kan maganarmu a yau shi ne tsawon mutum da girman mutum. In akwai Littafi Mai Tsarki kusa da ku, ku sa yatsa a 1 Sama'ila sura 16, da kuma 2 Korantiyawa sura 10, gama can za mu sauka.

Abin da ya kawo wannan magana wasiƙa ce. Wani saurayi daga ƙasar Kibiya ya rubuto mana, ya roƙa kada mu faɗi sunansa, ba kuwa za mu faɗa ba. Shekarunsa 24. Ya ce shi gajere ne, tun yana firamare ake yi masa ba'a. Ya yi karatun aikin jarida, burinsa kuwa ya zama mai gabatar da shiri a talabijin. Da ya faɗa wa abokansa a zumuntar matasa, sai suka fashe da dariya, ɗayansu ya ce sai an ɗora shi kan turmi kafin kyamara ta gan shi. Ya ce wannan bai dame shi ƙwarai ba, gama ya saba. Abin da ya karya masa zuciya dabam ne. Shekara uku shi ne yake karanta nassi da sanarwa a majami'arsu kowace Lahadi. Amma ran da manyan baƙi suka zo taro, sai aka karɓe takardar daga hannunsa aka ba wani dogon saurayi, aka ce domin baƙi su ga mutum. Tun daga ranar bai koma sujada ba, wata uku ke nan. Ya rufe wasiƙarsa da tambaya biyu. Gaskiya ne sai dogo yake iya aikin talabijin? Allah kuskure ya yi sa'ad da ya halicce ni haka?

Ɗan'uwa, mun ji kukanka, ba kuwa za mu mai da shi wasa ba. Mun sani ba kai kaɗai ba ne. Bakin mutane bai bar kowa ba, gama waɗanda suke yi wa gajere ba'a, su ne suka ce dogo da hankali dace ne. Za mu amsa tambayarka ta fari da abin da muka sani game da akwatin nan da kake so ka shiga, ta biyu kuma da Maganar Allah.

Talabijin ya shigo Nijeriya a 1959, a Ibadan. A 1962 gwamnatin Jihar Arewa ta buɗe nata a Kaduna, wanda aka sani da RKTV. A 1977 gwamnatin tarayya ta tattara gidajen talabijin na ƙasa ƙarƙashin hukuma ɗaya, wato NTA. A zamanin Gwamna Abubakar Rimi, mutumin ƙasar Sumaila, wanda ya yi mulki daga 1979 zuwa 1983, Jihar Kano ta kafa nata gidan, CTV, wanda yanzu ake kira ARTV domin tunawa da shi. A 2014 kuma aka buɗe Arewa24 mai watsa shirye-shirye da Hausa. Waɗanda suka manyanta a cikinmu suna tune da yadda abin ya iso ƙauyukanmu. Akwati ɗaya ne a unguwa, baƙi da fari, a gidan malamin makaranta ko malamin asibiti, da batirin mota, da eriya a kan doguwar gora. Da almuru sai a fito da shi tsakar gida, yara a gaba a ƙasa, manya a baya. Muka kalli Samanja Mazan Fama, wato marigayi Usman Baba Pategi, muka kalli marigayi Ƙasimu Yero, muka kalli masu karanta labaru har suka zama kamar 'yan gidanmu. Amma da za a tambaye mu tsawon mai karanta labarun nan, ba wanda zai iya faɗa. Kowa dai ya ƙaddara a ransa ƙato ne.

Me ya sa haka? Masu aikin sun san dalili, ba kuwa asiri ba ne. Na fari, kyamara takan ɗauki mai gabatar da shiri daga ƙirji zuwa sama. Ido ba ya iya auna tsawon abu sai ya ga wani abu kusa da shi wanda ya riga ya san girmansa, kamar ƙofa, ko jaki, ko wani mutum. A cikin akwatin kuwa an yanke duk waɗannan. Fuskar mai tsawon ƙafa 5 da fuskar mai tsawon ƙafa 6 duk cika gilashin suke yi daidai wa daida. Na biyu, yawancinsu a zaune suke a bayan tebur, babban rabo na bambancin tsawo tsakanin mutane kuwa a ƙafafu yake. In dogo da gajere suka zauna, ratar ta ragu. Abin da ya saura, kujerar tana da abin ɗagawa da saukewa, sai a daidaita kawunansu. In tsayuwa za a yi, akan ajiye wa gajeren ɗan akwatin katako ya taka, ba mai gani. Na uku, inda aka kafa kyamara. In an sauke ta tana duban mutum daga ƙasa, sai ya zama kamar rimi. In an ɗaga ta tana dubansa daga sama, sai ya ƙanƙance. Ga fitilu, ga hoda, ga babbar riga mai faɗaɗa kafaɗa, ga hula mai ƙara tsawo. Muryar ma akwai mai zama a wani ɗaki yana daidaita ta, ya ƙara wa mai siririyar murya, ya rage wa mai tsawa. Har kallon nan da mai karanta labaru yake yi mana cikin ido, kamar da mu kaɗai yake magana, sau da yawa rubutu ne yake karantawa a kan wani gilashi da aka sa a bakin kyamara.

Wannan dabara ba ta yau ba ce. A wani shahararren fim na Amurka na 1942 mai suna Casablanca, jarumar ta fi jarumin tsawo, sai aka ɗaura masa katako a ƙarƙashin takalmi domin ya fi ta in sun tsaya tare. Miliyoyin mutane sun kalla ba su sani ba.

Mun taɓa ganin abin da idonmu a nan gida. Wata shekara da rani, wani mai gabatar da shirin noma da muka daɗe muna kallo ya zo Rano da abokan aikinsa, domin su ɗauki shiri a kan noman rani da ruwan Tiga. Labari ya bazu, mutane suka taru, har da waɗanda suka taho daga Kibiya a kan keke. Mota ta tsaya, mutum uku suka fito, ba babbar riga, ba doguwar hula, kowa da 'yar shara da malafa saboda rana. Jama'a suka yi caa a kan dogon cikinsu, ana ta miƙa masa hannu. Ashe mai riƙe kyamara ne. Wata tsohuwa ta tare gajeren da ya fito daga baya, ta ce, "Yaro, ina maigidan naku, mai maganar taki?" Ya durƙusa ya gaishe ta, ya ce, "Iya, ai ni ne." Ta dube shi sama da ƙasa, ta ce, "Kai ɗana, kada ka yi mini wasa." Sai ya yi sallamar da ya saba buɗe shirinsa da ita. Tsohuwa ta riƙe baki, ta ce, "Muryar dai ita ce. To, sauran jikin fa, a Kano ka baro shi?" Kowa ya yi dariya, shi ma ya yi. Amma mun ji wasu samari a baya suna cewa, "Ashe ɗan wannan ne." Wasu ma suka juya suka tafi, ba su tsaya jin abin da ya kawo ba. Waɗanda suka tsaya sun koma gida da abin da ya amfane su a gona.

Ku lura, 'yan'uwa, sau biyu muka yi kuskure a kan mutum ɗaya. Sa'ad da yake cikin akwati mun girmama shi domin ya cika gilashi. Sa'ad da ya tsaya a gabanmu mun raina shi domin bai cika mana ido ba. Shi kuwa bai ƙaru ba, bai ragu ba. Saninsa na taki da iri da ban ruwa yana nan yadda yake. Abin da ya riƙe mu a gaban akwatinsa shekara da shekaru shi ne sanin abin da yake faɗa, da natsuwa, da iya tambaya, da iya sauraro, da Hausa mai daɗi. Daga nan kwarjininsa ya fito, kyamara kuwa ba ta iya sa wa mutum waɗannan.

Akwatin yana iya ruɗin mutum ta ɗaya gefen ma. Da yawanmu mun kalli 'yan wasan kudu guda biyu, Chinedu Ikedieze da Osita Iheme, waɗanda aka fi sani da Aki da Pawpaw tun fim ɗinsu na 2002. Mutane da yawa sun ɗauka yara ne. Alhali an haifi Ikedieze a 1977, Iheme kuma a 1982, wato baligai ne sa'ad da suka yi fim ɗin. A 2007 aka ba su babbar lambar yabo ta fina-finan Afirka. Gajere ba yaro ba ne, in ji masu iya magana. Mu dawo gida kuma, ba domin siyasa ba, sai domin misali. Malam Aminu Kano, wanda aka haifa a 1920 ya rasu a 1983, mutum ne mai ƙaramin jiki, da farar rigarsa da jar hularsa. Sardauna Ahmadu Bello kuwa dogo ne kakkaura, ga rawani. Sun yi zamani ɗaya, sun yi hamayya, kowannensu dubban mutane sun bi shi. Yau filin jirgin saman Kano da asibitin koyarwa suna ɗauke da sunan Malam, jami'ar Zariya kuma tana ɗauke da sunan Sardauna. Ba wanda ya kawo ma'aunin tela kafin a sa sunayen nan.

Saboda haka, ɗan'uwa, amsar tambayarka ta fari a'a ce. Ba za mu ɓoye maka ba, akwai aikin da ake auna tsawo. A sanarwar ɗaukar kuratan 'yan sanda an saba neman namiji ya kai mita 1.67, mace kuma mita 1.64. Amma aikin da kake nema, kayansa murya ne da ilimi da haƙuri. Turmin da abokinka ya yi maka ba'a da shi, masu aikin sun riga sun tanadi irinsa a ɗakin ɗaukar shiri, manya da yawa kuwa sun taka shi.

Yanzu ga tambaya ta biyu, wadda ta fi nauyi. Littafi Mai Tsarki bai yi shiru a kan tsawo ba. Sa'ad da Isra'ilawa suka nace sai an naɗa musu sarki kamar sauran al'ummai, aka ba su Saul ɗan Kish, na kabilar Biliyaminu. Kyakkyawa ne, dogo ne, duk wanda ya tsaya kusa da shi iyakarsa kafaɗa. Da akwai talabijin a lokacin, da ba a nemi akwatin katako dominsa ba. Jama'a suka gan shi, suka yi sowa. Amma ku bi labarinsa. Sa'ad da Allah ya aike shi yaƙi da Amalekawa, ya yi rabin abin da aka umarce shi, ya bar rabi, sa'an nan ya tafi Karmel ya kafa wa kansa dutsen tunawa. Da annabi Sama'ila ya tsare shi, sai ya ɗora laifin a kan jama'a. Da ya ga ba mafita, ya amsa laifinsa, ya ce tsoron mutane ya ji. Duk da haka abin da ya roƙa shi ne annabin ya girmama shi a gaban dattawa. Wato ko a ranar da Allah ya ƙi shi, abin da ya dame shi shi ne yadda zai fito a idon jama'a. Daga baya Goliyat na Gat ya fito, wanda tsawonsa ya doshi mita 3. Kwana 40 yana yi wa Isra'ila ba'a, dogon sarkinsu kuwa yana rawar jiki tare da sojojinsa. Wanda ya dogara ga tsawonsa, ran da ya gamu da wanda ya fi shi tsawo ba shi da sauran abin dogara.

Tun kafin Goliyat ya fito, Allah ya riga ya aiki Sama'ila Baitalami, gidan Yesse, ya keɓe sabon sarki. Da ɗan fari, Eliyab, ya shigo, annabin ya dube shi, ya ce a ransa lalle wannan ne. Ku ji fa, annabi ne, tsoho, wanda ya riga ya ga ƙarshen dogon sarki da idonsa, amma ido ya so ya sake ruɗinsa. In haka ta sami Sama'ila, kada waninmu ya ce shi ya wuce wannan jaraba. Allah ya tsai da shi, ya nuna masa ma'auni biyu ne, na mutum iyakarsa abin da ido ya gano masa, na Allah kuwa yana kaiwa har cikin zuciya. 'Ya'ya bakwai suka wuce, ba a zaɓi ko ɗaya ba. Saura auta, Dawuda, wanda ba a ma kira shi wurin taron ba, an bar shi a jeji da tumaki. Mu mutanen Rano ya kamata wannan labari ya yi mana daɗi, gama kirarin garinmu Autan Bawo. Auta ne, amma ba a ƙirga Hausa Bakwai a bar shi.

Sai dai mu yi hankali kada mu juya labarin. Allah bai ƙi Saul domin tsawonsa ba, rashin biyayya ne ya kā da shi. Bai kuma zaɓi Dawuda domin ƙanƙantarsa ba. Gajarta ba tsarki ba ce. Zakka na Yariko gajere ne, har sai da ya hau itace kafin ya ga Yesu, amma mai karɓar haraji ne da ya yi arziki da zaluntar mutane. Ran da Ubangiji ya sauka a gidansa, tsawonsa bai ƙaru ko da yatsa ɗaya ba. Abin da ya sāke shi ne, ya miƙe ya yi alkawarin ba matalauta rabin dukiyarsa, ya kuma mayar wa duk wanda ya cuta riɓi huɗu. A nan ne ya yi girma.

Wanda labarinsa ya fi kama da na mai gabatar da shirin nan shi ne manzo Bulus. A zamaninsa ba rediyo, ba talabijin, wasiƙa ce akwatinsa. Akan karanta wasiƙunsa a gaban ikkilisiya, waɗanda ba su taɓa ganinsa ba kuwa sukan zana shi a zuciyarsu. A Koranti wasu suka tashi suna kushe shi, suna cewa a takarda kam zaki ne, amma in ya zo da kansa ba shi da kwarjini, maganarsa ma ba ta kai a saurara ba. Sunan Bulus a harshen Romawa ma'anarsa ƙarami, wani tsohon rubutu na ƙarni na 2 kuma ya kwatanta shi da ɗan gajeren mutum mai sanƙo. To, me ya amsa musu? Bai ce ƙarya suke yi a kan jikinsa ba. Bai nemi katako ya taka ba. Ya gargaɗe su a kan duban abin da yake a fili kaɗai, ya kuma ce su sani Bulus na takarda da Bulus na ido da ido mutum ɗaya ne, abin da ya rubuta daga nesa shi zai aikata in ya iso. Ya ƙara da cewa masu auna kansu da junansu ba su da fahimi. Yau ba mu san sunan ko ɗaya daga cikin masu kushen nan ba, wasiƙun Bulus kuwa muna karanta su da Hausa a Kibiya.

Me wannan yake faɗa mana? Abu na fari, ga ikkilisiya ne. Wasiƙar Yakubu sura 2 ta tsawata wa masu bi da suke ba mai zoben zinariya kujera, su bar matalauci a tsaye. Wanda ya karɓe takarda daga hannun mai karatu domin baƙi su ga mutum, laifin nan ya yi, sai dai shi da ma'aunin tela ya yi nasa. Ba mu san wace majami'a ce ba, ba mu kuwa nema mu sani. Amma in kana jinmu, dattijo, ka kuwa gane kai ne, muna roƙonka kada ka bari Lahadi ta zo ba ka taka zuwa gidan yaron nan ba. Ka ce masa, ɗana, mun yi maka laifi, ka gafarta mana, ka dawo ka karɓi aikinka. Wannan ba zai rage maka girma ba. Wata uku kujerarsa ba kowa, makiyayi na kirki kuwa yakan ƙirga tumakinsa. Haka kuma sa'ad da lokacin zaɓen dattawa da shugabannin zumunta ya zo, kada mu tambaya wa ya fi cika riga, ko wa ya fi amon murya. Mu tambaya wa yake riƙe amana, wa yake ziyarar marasa lafiya, wa gidansa yake zaune lafiya.

Abu na biyu, ga kowannenmu ne. Dukanmu muna da akwatin da muke shiga. Na wani mumbari ne, na wata gaban ƙungiyar mawaƙa, na matasanmu kuma wayar hannu, inda ake ɗaukar hoto goma a zaɓi ɗaya, a goge shi, a sa a Facebook. Mu ma da muke magana da ku a rediyo, muryarmu kaɗai kuke ji, ba ku ganin yadda muke a gida. A cikin akwatin nan muna nuna kanmu daga ƙirji zuwa sama. Amma akwai waɗanda suke ganinmu a tsaye, daga kai har ƙafa. Matarka ta san tsawonka na gaskiya. 'Ya'yanka sun sani. Yaron da yake maka aiki a gona ya sani ran biyan lada. Mai sayen hatsi ya sani sa'ad da kika cika mudu ko kika danne gindinsa. Tambayar da Bulus ya bar mana ita ce, mutumin da ake gani ran Lahadi da wanda ake gani ran kasuwa, mutum ɗaya ne? In ratar da take tsakaninsu ta yi yawa, wannan ce gajartar da ya kamata ta hana mu barci.

Abu na uku, ga iyaye da masu neman aure ne. Mun ga gidajen da aka kori saurayi mai tsoron Allah, mai sana'a, domin 'yan'uwan yarinya sun ce ba zai yi kyau a hoton biki ba. Mu manoma ne, bai kamata a koya mana wannan ba. Giginya ta fi kowa tsawo a gona, amma an ce inuwarta na nesa ka sha. Gyaɗa kuwa ba ta kai gwiwa ba, 'ya'yanta ma a ƙarƙashin ƙasa take ɓoye su, amma ita ce ta gina dalar gyaɗa a Kano har duniya ta san da mu. Kafin ku ba da 'yarku ko ku hana, ku tona ku ga abin da yake ƙasa. Ku kuma matasa na zumunta, ku rage ba'a. Abin da kuke kira wasa, wani da shi yake kwana. Kowa ya raina gajere bai taka kunama ba.

Yanzu gare ka, ɗan'uwanmu mai wasiƙa. Allah bai yi kuskure ba. Shi ya siffata ka tun kana cikin uwarka, ya san yawan ƙasusuwanka da tsawon kowannensu. Ubangiji Yesu ya koya mana damuwa ba ta iya ƙara wa mutum ko kamu ɗaya. Shi kansa annabi Ishaya ya faɗa tun da wuri ba zai zo da surar da za ta ja ido ba, aka kuwa raina shi, aka ƙi shi, saboda haka ya san zafin da kake ji. Ba za ka iya ƙara wa jikinka tsawo ba, amma akwai girman da ba a rufe maka ƙofarsa ba, wato ka yi ta girma cikin Almasihu, cikin gaskiya da haƙuri da ƙauna. Ka ci gaba da gyara karatunka da muryarka, ka nemi aikin da kake so, kada dariyar abokai ta tsai da kai. Amma kada ka nemi akwatin talabijin domin ka ɓuya a cikinsa, ko domin ka rama. In ka shiga da wannan zuciya, ko ka cika gilashin kowane gida a Kano ba za ka ƙoshi ba. Ka gafarta wa waɗanda suka yi maka laifi, ko sun zo ko ba su zo ba. Ran Lahadi kuma ka koma sujada, gama wanda kake karanta Maganarsa ba shi ne ya karɓe takardar ba.

Bari mu yi addu'a. Ya Ubangiji Allahnmu, kai da ka halicci dogo da gajere, ka gafarta mana inda muka auna 'yan'uwanmu da ido, muka raina wanda ka girmama. Ka ta'azantar da bawanka da ya rubuto mana, ka warkar da zuciyarsa, ka buɗe masa hanya. Ka ba dattawanmu tawali'u su nemi wanda ya yi nisa. Ka sa mu zama mutum ɗaya a fili da ɓoye, a majami'a da kasuwa da gida. Mun roƙa cikin sunan Yesu Almasihu Ubangijinmu. Amin.

Masu sauraro, a nan za mu dakata. Sai mako mai zuwa war haka, in Ubangiji ya yarda. Alherin Allah ya kasance tare da ku duka.